Sanarwar Abuja Da Rumbun Manomi

A kakar bara na ziyarci ƙanen mahaifina da ke noman shinkafa a wata fadama ta Jihar Kebbi. Na tarar da buhunan shanshera jibge a zaure, ya rasa mai saye da farashin da zai fitar masa da kuɗin taki. Ya dube ni ya ce, "Ɗana, yanzu sanarwar Abuja ta fi fari ba ni tsoro."

Maganar ta tsaya mini a rai. A Nuwamban 2015 aka ƙaddamar da shirin lamunin manoma na Babban Bankin Nijeriya a Birnin Kebbi. A Agustan 2019 aka rufe iyakokin ƙasa na tudu har zuwa Disamban 2020. Manoma suka faɗaɗa gonaki, attajirai suka kakkafa masana'antun casa. Kwatsam, a Yulin 2024 gwamnati ta sanar da ɗage harajin shigo da wasu kayan abinci, har da shinkafa, na kwana 150.

Ban ga laifin nema wa talakan birni sauƙi ba, domin yunwa ba ta jira. Amma manomin rani ya sayi fetur ɗin injin ban-ruwa da tsada tun bayan cire tallafi a Mayun 2023, sannan aka karya masa kasuwa ba shiri.

Roƙona ɗaya ne: duk sauyin da za a yi, a faɗe shi kafin shuka, kuma gwamnati ta riƙa sayen amfanin gona da tsayayyen farashi zuwa rumbunanta. Manomin da ya yi asara bana, baɗi rage gonarsa zai yi, tsadar kuma ta dawo kanmu.