Anas Aremeyaw Anas: kowa ya san sunan, ba a san fuskar ba

A watan Satumban 2015 dubban mutane suka yi layi a ƙofar babban ɗakin taro na birnin Accra don kallon wani fim mai suna Ghana in the Eyes of God. Taurarin fim ɗin alƙalai ne, kuma babu wanda ya san ana ɗaukarsa a cikinsu. Wannan yana karɓar damin kuɗi, wancan an kawo masa akuya ko doya, duka don a karkatar da shari'a ko a saki wanda ake tuhuma. Alƙalai 34 abin ya shafa, 12 na babbar kotu, 22 na ƙananan kotuna, ban da ma'aikatan kotu fiye da ɗari. Kafin shekarar ta ƙare an sallami 20 daga cikin na ƙananan kotunan. Mutumin da ya shafe kusan shekara biyu yana haɗa wannan aiki shi ne Anas Aremeyaw Anas, wanda ba ya fitowa bainar jama'a sai da hula a ka da igiyoyin duwatsun ado da suka sauko suka rufe masa fuska.

Asalinsa Bimbilla ne a arewacin Ghana, amma a barikin soja na Burma Camp da ke Accra ya tashi. Bayan ya gama makarantar koyon aikin jarida, ya shiga jaridar Crusading Guide a 1998, ƙarƙashin edita Kweku Baako, wanda shi ma ya ɗanɗana zaman kurkuku saboda alƙalaminsa. Tun a nan Anas ya gane cewa a ƙasar da kowa ya san ana cin hanci, rubuta cewa ana ci ba labari ba ne. Wanda aka zarga zai musanta, lauyansa ya aiko da takarda, bayan mako guda an manta. Sai ya koma shiga cikin abin da kansa, yana ɗauke da ƙaramar kyamara a ɓoye.

Ya yi shigar mai taɓin hankali har aka kwantar da shi a asibitin masu taɓin hankali na Accra, ya fito da hotunan yadda ake banzatar da marasa lafiya da yadda ake cinikin ƙwaya a cikin asibitin. Ya bankaɗo wasu 'yan China da ke safarar mata zuwa Ghana don karuwanci, kotu ta ɗaure uku daga cikinsu a 2009. A shekarar ce Barack Obama ya ambaci sunansa a jawabin da ya yi wa majalisar dokokin Ghana. Daga nan manyan tashoshi suka nemo shi. Da Aljazeera ya yi aiki kan masu farautar zabiya a Tanzaniya, da likitocin bogi a Najeriya, da masu kashe jarirai naƙasassu a arewacin Ghana bisa camfin cewa 'ya'yan iska ne. A wannan aikin na ƙarshe, jaririn roba aka shirya, aka bar bokayen suka zo da maganinsu na kisa, 'yan sanda na laɓe.

Kasancewar 'yan sanda a wurin shi ne abin da ya bambanta shi da yawancin 'yan jarida. Takensa abu uku ne: a faɗi sunan mai laifi, a kunyata shi, a kai shi kurkuku. A makarantun aikin jarida ana koyar da cewa aikinka ya ƙare da zarar ka buga labari, sauran na hukuma ne. Anas bai yarda da haka ba. Ya koma ya karanta lauya, yana tara hujja yadda kotu za ta karɓa, yana miƙa wa masu gabatar da ƙara, yana kuma tsayawa shaida. Kamfaninsa, Tiger Eye, ya haɗa aikin jarida da binciken sirri, kuma yawancin waɗanda ke zama gaban wanda ake bincike su miƙa masa kuɗi ma'aikatan kamfanin ne, ba shi ba.

Aikin da ya fi girgiza nahiyar Afirka shi ne Number 12, wanda aka nuna a watan Yunin 2018, ana saura kwanaki a fara gasar cin kofin duniya a Rasha. An ga shugaban hukumar ƙwallon Ghana, Kwesi Nyantakyi, yana karɓar dala 65,000 daga wasu da ya ɗauka attajirai ne masu son zuba jari. Ya yi murabus, FIFA ta haramta masa harkar ƙwallo har abada, daga baya kotun wasanni ta duniya ta mayar da hukuncin shekara 15. Wani mataimakin alƙalin wasa ɗan Kenya, Aden Marwa, ya rasa gurbinsa a Rasha a kan dala 600 kacal. Wutar ta tsallaka Najeriya ma, inda aka nuna kocin Super Eagles Salisu Yusuf yana karɓar kuɗi daga wasu da suka ce su wakilan 'yan wasa biyu ne. Hukumar ƙwallon Najeriya ta dakatar da shi shekara guda, ta ci shi tarar dala 5,000. Shi kuwa ya ce kyauta ce, kuma 'yan wasan da ma da cancantarsu suka shiga.

Wannan amsa ta Salisu ita ce zuciyar sukar da ake yi wa Anas, kuma bai kamata a yi watsi da ita ba. A wurinmu, baƙo ya miƙa wa babba goro ba abin mamaki ba ne, ƙin karɓa ma a wani lokaci shi ne rashin ɗa'a. Kyamara tana nuna hannun da ya karɓa, ba ta nuna abin da aka yi niyya, kuma wanda ya yanke sa'o'i ɗari ya mayar da su minti talatin shi ke zaɓar abin da za mu gani. Masu suka suna cewa wannan tarko ne, laifin da ba a yi ba aka ƙirƙira. A ganina hujjar tana da ƙarfi a kan ƙaramin ma'aikacin da aka tura wa kuɗi a aljihu, amma ba ta tsaya wa alƙali. Alƙalin da dangin wanda ake tuhuma suka kawo wa akuya, ya karɓa, sannan ya saki mutumin, ba ya buƙatar a fassara masa abin da akuyar ta zo yi.

Bayan Number 12, ɗan majalisa Kennedy Agyapong ya nuna hoton ɗaya daga cikin ma'aikatan Tiger Eye, Ahmed Hussein-Suale, a tashar talabijin ɗinsa, ya faɗi unguwar da yake zaune, ya ce duk wanda ya gan shi ya doke shi. Ranar 16 ga Janairun 2019 wasu mutum biyu a kan babur suka harbe Ahmed a cikin motarsa a Madina, wata unguwar Accra da ke cike da 'yan arewacin Ghana da mutanen zango. Agyapong ya musanta hannu a kisan, kuma shekaru sun shuɗe ba a yanke wa kowa hukunci ba. Rufin fuskar mutum ɗaya yake karewa. Ahmed da ire-irensa, su da ke zama ido da ido da waɗanda ake bincike, ba su da shi.

Kotuna ma ba su yi masa daɗi ba. Ya kai Agyapong ƙara kan ɓata suna yana neman sidi miliyan 25, sai a watan Maris na 2023 Mai shari'a Eric Baah ya kori ƙarar, har ya kwatanta aikinsa da ta'addanci da sunan bincike. Magoya bayan Anas suka ce me za a sa rai daga ɓangaren da ya tona wa asiri a 2015. Anas ya kuma shigar da wata ƙarar a kan Agyapong a jihar New Jersey ta Amurka, inda masu taya alƙali yanke hukunci suka ba shi gaskiya a 2025 tare da diyyar dala miliyan 18. Bayan wata biyu alƙalin ya rage kuɗin zuwa dala 500.

Sai shari'ar Nyantakyi, wadda ita ce za ta cika kashi na uku na takensa. Lauyoyin wanda ake tuhuma suka dage cewa ba za a yanke wa mutum hukunci da shaidar wanda bai ga fuskarsa ba, wanda kuma haƙƙi ne da doka ta sani. Kotu ta ce sai ya buɗe fuska. Anas ya ce bayan abin da ya sami Ahmed, buɗewar daidai take da miƙa wuya ga makasa. Aka yi ta jan shari'ar shekara da shekaru ba tare da masu gabatar da ƙara sun tsayar da shaida ba, har a watan Fabrairun 2025 kotu ta sallami Nyantakyi.