Ƙarti Shida na Sahun Gaba

Duk wanda ya taɓa tsayawa a dandalin dambe a Agege, ya ga yadda 'ya'yan mahauta ke ba da jiki domin mutuncin gidansu, ba zai sha wuyar fahimtar sana'ar ɗan sahun gaba a zari-ruga na 'yan goma sha uku ba, wasan da aka kafa a Huddersfield ta arewacin Ingila a 1895, sa'ad da leburori suka nemi diyyar yinin aikin da suke rasawa saboda wasa.

Daga cikin sha ukun nan, shida ne ƙartin gaba, kuma wajibinsu shi ne su rungumi ƙwallo su kutsa cikin abokan hamayya taki bayan taki, domin kuwa da zarar an kayar da su sau shida, sai ƙwallo ta koma hannun ɗaya ɓangaren. Haka za su yi ta karo har minti 80, alhali galibi masu gudu na baya ke kwashe yabo. Kafaɗa da gwiwa kan gaji da wuri, shi ya sa mai basira yake tanadin wata sana'a tun yana da ƙarfi.

A Oktoban 2019, a filin Teslim Balogun da ke Surulere, Nijeriya ta karɓi baƙuncin Gana da Kamaru da Maroko a wata gasar wannan wasa, ta kuma ci kofin. Haƙiƙa matasanmu na Agege, waɗanda suka gaji haƙuri da juriya daga magabata, sun cancanci a buɗe musu wannan ƙofa.