Althea Gibson, ɗiyar manoma gwanar tanis

Tanis wasa ne na mutum biyu ko huɗu. Ana yin shi a fili mai tsawon mita 23 da ƴan kai, da raga a tsakiya. Kowane ɗan wasa yana riƙe da mabugi mai kama da rariya. Da shi yake buga ƙaramar ƙwallo ta ƙetare raga. Wanda ya kasa mayar da ita, an ci shi.

A da, manyan gasannin tanis na masu sha'awa ne kawai. Kamar ɗan kokowar dandali ne a ƙauyukan Arewa: suna yake nema. Wanda ya yi nasara ana ba shi kofi, ba a ba shi kuɗi.

An haifi Althea Gibson ran 25 ga Agusta 1927 a jihar Karolina ta Kudu, cikin ƙasar Amurka. Iyayenta baƙar fata ne, suna noman auduga a gonar wani. Da zama ya yi wuya, sai suka koma birnin Niyu Yok a 1930. A kan titin unguwarsu, Harlem, ta fara buga ƙwallo da mabugin katako.

A lokacin nan akwai wariyar launin fata. Ba a barin baƙi su shiga gasar farare. Baƙi suna da tasu gasa dabam. Althea ta ci wannan gasa sau 10 a jere, daga 1947 zuwa 1956. Likitoci biyu, Hubert Eaton da Walter Johnson, su ne suka ɗauki nauyinta, ta yi wasa, ta yi karatu.

A 1950 wata tsohuwar gwana, farar fata, mai suna Alice Marble, ta rubuta takarda a jarida. Ta ce hana Althea wasa abin kunya ne. A shekarar nan aka buɗe mata ƙofar babbar gasar Amurka. Kafin ita, babu baƙar fatar da ya taɓa shiga.

A 1956 ta ci gasar Faransa a birnin Pari. A 1957 ta ci gasar Wimbildon ta Ingila, Sarauniya Elizabet ta miƙa mata kyautar da hannunta. Ta ci ta Amurka kuma. A 1958 ta sake cin su biyun.

Amma kofi ba ya cika tukunya. A ƙarshen 1958 ta bar wasan masu sha'awa don ta nemi abin kai wa baki. Sai a 1968 aka fara biyan ƴan wasa a manyan gasanni. Althea ta rasu ran 28 ga Satumba 2003.

Tambayoyi
1. Mene ne aikin iyayen Althea?
2. Don me aka hana ta shiga gasar farare?
3. Shekara nawa gare ta da ta ci gasar Faransa?
4. Me ya sa ta bar wasan masu sha'awa?