HASKEN RANA DA LOKACI: MAFARKI DA GASKIYA

A ce yau an gina wata hasumiya a tsakiyar hamada, tsawonta ya fi na kowane gini a duniya, an kewaye ta da dubban madubai. Kowane madubi yana bin rana daga fitowarta har faɗuwarta, yana tattara haskenta yana aikawa ga ƙololuwar hasumiyar. A ce kuma mai tsaron wanga gini, in ya juya wani ƙarfe, sai lokaci ya tsaya, in ya ƙara juyawa sai jiya ta dawo. Manomin da ya yi lattin shibka ya koma farkon damina, tsoho ya koma saurayi.

Wannan na'ura babu ta, ƙagaggen labari ce. Amma sha'awar da ke bayanta tsohuwa ce, kuma ta sa sarakuna da masana sun yi manyan gine-gine waɗanda har yanzu suna tsaye. Bari mu duba abin da suka iya da abin da ya gagare su.

Gine-ginen da ke auna lokaci

A ƙasar Masar, Fir'auna Ramsis na biyu ya sa aka sassaƙa ɗakin bauta na Abu Simbel cikin dutse, sama da shekara 3,000 da suka wuce. Magina sun daidaita ƙofarsa yadda sau biyu a shekara, wajen 22 ga Fabrairu da 22 ga Oktoba, hasken safiya ke ratsawa har ƙuryar ɗakin.

A birnin Dimashƙa, masanin taurari Ibnu Shaɗir, wanda aikinsa shi ne tsayar da lokutan salla a babban masallacin Banu Umayya, ya ƙera agogon inuwa na dutsen marmara wajen shekara ta 1371, aka ɗora shi a kan hasumiyar masallacin. Mu ma mun gaji wannan ilimi. Malamanmu sun koya mana cewa lokacin azahar yana shiga in rana ta gota daga tsakiya, na la'asar kuma in inuwar abu ta kai tsawonsa, ban da inuwar zawali.

Mafi shahara duka yana birnin Jaifur na ƙasar Indiya. Sarki Jai Singh na biyu ya gina wurin binciken sama mai suna Jantar Mantar, aka kammala shi a 1734. Cikin kayan awo 19 da ke wurin akwai agogon inuwa na dutse mai tsawon metir 27. Inuwarsa tana tafiyar kusan milimetir ɗaya kowace daƙiƙa, har mutum na iya ganin motsinta da ido. A 2010 hukumar UNESCO ta sa wurin cikin kayan tarihi na duniya.

To amma duk girman waɗannan gine-gine, lissafin lokaci kawai suke yi. Ba su taɓa tsayar da shi ba ko da na ƙiftawar ido.

Abin da masana kimiyya suka gano

Shin lokaci yana canzawa kuwa? Masani Albert Einstein ya nuna a 1905 da 1915 cewa gudun lokaci ba ɗaya ba ne a ko'ina: yana raguwa ga abin da ke tafiya da matuƙar sauri, haka kuma ga abin da ke kusa da wani abu mai tsananin nauyi. A 1971 aka ɗora agogai masu matuƙar daidaito cikin jiragen sama suka zagaya duniya, da suka dawo aka tarar sun saɓa da na ƙasa, kamar yadda lissafi ya faɗa. Agogan taurarin ɗan adam na GPS ma suna wuce namu da kashi 38 cikin miliyon na daƙiƙa ɗaya kowace rana, dole ake gyara lissafinsu.

Sai dai ba tara hasken rana ke kawo wannan ba. A Odeyo, cikin duwatsun kudancin Faransa, an gina babban murhun rana tsakanin 1962 da 1968, mai tsawon metir 54, da manyan madubai 63 masu bin rana. Zafin da yake tarawa ya haura digiri 3,000, yana narka ƙarfe nan take. Duk da haka agogon ma'aikatansa yana tafiya daidai da na kowa.

Ina ruwanmu da wanga zance?

Da farko, ya kamata mu san cewa lokacin agogo daban, lokacin rana daban. Ƙasar Nijar duka agogo ɗaya take bi, amma rana tana kai tsakiya a Damagaram kusan minti 27 kafin ta kai a Yamai, domin kowane digiri ɗaya daga gabas zuwa yamma minti 4 ne. Shi ya sa mai azumi a Damagaram ke riga na Yamai shan ruwa. Jadawalin salla na wani gari ba ya yi wa wani gari aiki.

Na biyu, rana ba ta mayar da jiya, amma tana iya ceto awoyin da ke salwanta yau. Wani ɗan ƙasarmu, Farfesa Abdu Mumuni, wanda aka haifa a Tasawa a 1929, ya gane haka tun da wuri. Ya shugabanci ofishin makamashin rana na ƙasa, ONERSOL, daga 1969 zuwa 1985, inda aka ƙera tukwanen dafuwa da na'urorin ɗumama ruwa masu aiki da rana. Ya rasu a 1991, Jami'ar Yamai kuma tana ɗauke da sunansa. Daga baya an buɗe tashar kuran ta hasken rana a Malbaza a 2018, da ta Goru Banda kusa da Yamai a 2023.

Ku dubi macen ƙauye da ke tashi tun asuba ta ja guga a rijiya mai zurfi, ta yi daka, ta tafi daji neman itace. In famfon rana ya ɗebo mata ruwa, injin niƙa ya karɓi aikin turmi, awoyin da suka rage nata ne: ta je ajin yaƙi da jahilci, ta yi sana'a, ɗiyarta ta zauna lakkol maimakon bakin rijiya. Fitilar rana kuma tana ƙara wa ɗalibi lokacin karatu bayan magariba.

Saboda haka muna kira ga magabata da kwamitocin garuruwa su kula da kayan da aka girka. Ƙurar hunturu tana rufe faifan rana ta rage ƙarfinsa, sai an riƙa sharewa. A horar da samarin gari gyaran famfo, a kuma ajiye kuɗin sayen kayan gyara tun kafin ya lalace. Famfon da ya mutu wata guda, wata guda ne na wahala aka mayar wa mata.

Hausawa sun ce rana ba ta ƙarya, sai dai uwar ɗiya ta yi. Allah ya hore mana ita a wadace, saura mu mu yi aiki da ita kafin ta faɗi.