Daga Ina Ɗalibi Yake Samun Ƙarfin Gwiwar Shiga Jarrabawa?

A mafi yawan shekaru, tsakanin watan Afrilu da watan Agusta, ɗalibin ajin ƙarshe na babbar sakandare a Najeriya yakan fuskanci manyan jarrabawowi uku a jere: ta JAMB, wato hukumar da aka kafa a 1978 domin tantance masu neman gurbi a manyan makarantu, sai ta WAEC, wadda ta faro tun 1952 kuma ƙasashe biyar na Afirka ta Yamma suke tarayya a kanta, sannan ta NECO, wadda aka kafa a 1999 da hedikwata a Minna. Abin da jami'o'i suke nema shi ne kiredit biyar, ciki har da Turanci da lissafi, kiredit kuwa shi ne sakamakon da bai gaza C6 ba a ma'aunin da ya tashi daga A1 ya tsaya a F9. A Nijar ma haka ɗalibai suke zaman zullumin jarrabawar BEPC ko ta bakaloriya. A wannan lokaci iyaye da malamai sukan yawaita addu'a da fatan alheri, abin da ba mai hankalin da zai raina, sai dai ɗalibin da bai taɓa warware tambayar lissafi shi kaɗai ba, yawan gaya masa cewa kada ya ji tsoro ba ya cire masa fargaba, domin zuciyarsa ta san abin da hannunsa bai iya ba.

Masanin halayyar ɗan Adam Albert Bandura na Jami'ar Stanford ya yi bayani a 1977 a kan abin da ake iya kira yarda da iyawa, wato tabbacin da mutum yake da shi cewa zai iya aiwatar da wani takamaiman aiki, wanda ya bambanta da yarda da kai ta gaba ɗaya, tunda yaro yana iya zama zakara a filin ƙwallo amma jikinsa ya ɗau rawa da zarar an ajiye masa takardar kimiyya. Bandura ya nuna cewa wannan tabbaci yana fitowa daga nasarar da mutum ya taɓa samu da kansa, da ganin wani sa'ansa ya yi, da kalaman ƙarfafawa daga wasu, da kuma yanayin jikinsa a lokacin aikin, amma na farkon ya fi sauran ƙarfi nesa ba kusa ba. Ma'anar wannan ga ɗalibi ita ce, ƙarfin gwiwa na gaskiya ana tara shi ne kaɗan-kaɗan, daga tambaya goma da ya amsa jiya ya ci huɗu, zuwa wasu goman da ya amsa yau ya ci shida.

Jarrabawar JAMB ta fi kowace fito da wannan batu fili. Tun 2015 aka mayar da ita kan kwamfuta kacokan, kuma tambayoyi 180 ake amsawa cikin awa biyu, 60 na Turanci da 40 a kowane ɗayan sauran darussa uku, a kan jimillar maki 400. Idan aka raba lokacin, kowace tambaya daƙiƙa 40 take samu. Ɗalibin da ya sha zama da agogo a gabansa yana amsa tambayoyin shekarun baya ya riga ya san nauyin daƙiƙa arba'in, ya kuma koyi tsallake mai wuya ya dawo mata daga baya, alhali wanda sai ranar jarrabawar ya fara taɓa kwamfuta, kamar yadda yake faruwa da ɗimbin yaran karkara, rabin hankalinsa a kan na'urar yake ƙarewa. Hukumar tana shirya jarrabawar gwaji ga mai so kafin ta ainihi, kuma kuɗin da uba zai kashe a kanta ya fi masa amfani a kan doguwar nasiha, domin ba a fafe gora ranar tafiya.

Yadda ake yin karatun shi ma yana iya gina tabbacin ƙarya. A wani bincike da Henry Roediger da Jeffrey Karpicke suka wallafa a 2006, an sa wasu ɗalibai su yi ta maimaita karanta wani rubutu, wasu kuma su karanta su rufe su rubuto abin da suka tuna. Masu maimaitawar sun fi jin cewa sun riƙe, sun kuma fi ƙoƙari a gwajin da aka yi bayan 'yan mintoci, amma da aka dawo bayan mako guda sai masu rufe takarda suka yi musu fintinkau. Tun kafin nan, a 1885, Bajamushe Hermann Ebbinghaus ya nuna cewa mantuwa ta fi gudu a sa'o'in farko bayan koyo, kuma bitar da aka rarraba cikin kwanaki ta fi wadda aka cusa a zama ɗaya. Ga wanda ya yi makarantar allo babu baƙon abu a nan, domin almajiri ba ya wanke allonsa sai ya biya karatun a gaban malam, kuma abin da ya haddace ba ya barinsa, yakan koma masa da tilawa dare da asuba. Abin mamakin shi ne yadda yaron da ya tashi a wannan tarbiyya yake zuwa boko ya koma kallon littafi yana ja wa layuka biro, yana zaton karatu yake yi. Kwana a kan littafi da kofi ko goro a daren jarrabawa kuwa asara ce biyu, tunda a cikin barci ƙwaƙwalwa take daidaita abin da aka koya da rana.

Kalaman manya suna da nasu tasirin, gwargwadon abin da suka yaba. Claudia Mueller da Carol Dweck sun gano a 1998 cewa yaran da aka yaba wa da kaifin basira sun fi gudun aiki mai wuya, sun kuma fi saurin karaya bayan sun faɗi, idan aka kwatanta su da waɗanda aka yaba wa ƙoƙarinsu. Don haka uban da ya ce wa 'yarsa ya lura da yadda take tashi bita bayan sallar asuba ya ba ta abin riƙewa, wanda kuwa yake ta nanata wa ɗansa yawan kuɗin rajistar da ya biya, ko yake gwada shi da ɗan maƙwabci, kaya kawai ya ƙara masa. Irin wannan matsin ne yake tura wasu yara neman satar amsa da makarantun da suka yi suna wajen sayar da ita, alhali hukumomin jarrabawa suna riƙe sakamakon da suke zargi ko su soke shi, kuma dokar Najeriya ta 1999 ta mayar da maguɗin jarrabawa laifin da ake hukuntawa.

Akwai kuma wani bayani da ya kamata ɗalibi ya ji tun kafin ya shiga zaure, saboda mafi yawan firgicin yana fitowa ne daga zaton cewa dama ɗaya ce tak. WAEC da NECO duk suna shirya jarrabawar masu zaman kansu bayan ta makarantu, jami'o'i da dama suna karɓar sakamakon zama biyu a haɗe a yawancin fannoni, JAMB kuma kowace shekara ake sake ta. Ya dace iyaye da malamai su zaunar da yaransu su faɗa musu wannan tun yanzu, su kuma rage musu aike da aikin gida a makonnin jarrabawar, musamman 'yan mata.