Michael Laudrup, Ɗan Tsakiyar Denmak da Ya Kore Mu Daga Faransa

Duk wanda ya yi wayo kafin shekarar 1998, a Funtuwa yake ko a Malumfashi ko a ƙauyukan da ke tsakaninsu, da wuya ya manta da daren Lahadi, 28 ga watan Yuni. Damina ta kankama, an wuni a gona, da dare kuma jama'a suka taru gindin talabijin da rediyo, domin Nijeriya za ta kara da Denmak a gasar cin kofin duniya a ƙasar Faransa. Makonni biyu kafin nan 'yan wasanmu sun ka da Sifen da ci 3 da 2, saboda haka a majalisu ba zancen Denmak ake yi ba, zancen Birazil ake yi, wadda za a gamu da ita a gaba. Hausawa kuwa sun ce raina kama ka ga gayya. Kafin a yi minti goma sha biyar an zuba mana biyu, aka tashi 4 da 1.

Mutumin da ya kitsa wannan aika-aika bai ci ko ɗaya ba a daren nan. Sunansa Michael Laudrup, ɗan wasan tsakiya ne, shekarunsa 34 a lokacin. Mun ga ya kamata mu ba masu karatu labarinsa, musamman malaman makaranta masu tsayawa da yara a filin tamaula, da akawuna masu aiki a ƙarƙashin wani, gama akwai abin lura a ciki.

An haife shi ran 15 ga Yuni, 1964, a Kwapanhagin, babban birnin Denmak. Gado ya yi, don ubansa Finn ya yi wa ƙasar wasa, ƙanensa Brian kuma ya biyo baya. Yana ɗan shekara 19, a 1983, ƙungiyar Juventus ta Italiya ta saye shi. To, a zamanin nan doka ba ta yarda ƙungiya ta sa baƙi fiye da biyu ba, ga shi kuwa suna da Platini na Faransa da Boniek na Polan. Sai aka ba da shi aro ga Lazio, ya yi shekara biyu can yana jiran gurbi. Da ya komo Juventus a 1985 ya taya su cin kofin ƙasar a 1986, a shekarar nan kuma duniya ta san shi a Meziko, inda Denmak ta lallasa Yurugwai da ci 6 da 1.

Amma inda tauraronsa ya haska sosai shi ne Sifen. A 1989 ya koma Barcelona a hannun Johan Cruyff, mutumin Holan, suka ci kofin ƙasa sau huɗu a jere, daga 1991 zuwa 1994, suka haɗa da kofin zakarun Turai a 1992.

Wajibi ne mu tsaya nan mu bayyana aikin ɗan tsakiya, don da yawa masu kallo ba su lura da shi. 'Yan baya aikinsu tsaro, 'yan gaba aikinsu ci, shi kuwa na tsakiya shi ne mai karɓa daga waɗancan ya miƙa wa waɗannan. Manoman auduga na wannan yanki sun san misalinsa. Manomi ya noma, injin gurza ya raba ƙwaya da kaɗa, masaƙa ta fid da yadi, amma in babu mai kai kaya daga wannan hannu zuwa wancan a kan kari, wahalar kowa ta tashi a banza, ko da yake ba sunansa ake bugawa a jikin yadin ba. Gwanintar Laudrup ita ce tun ƙwallo bai iso ƙafarsa ba ya riga ya san inda kowa yake, sa'an nan ya dubi gabas ya aika da ƙwallo yamma. Haka ya yi mana a Faransa. Shi ya ba Peter Møller ƙwallon farko. Bayan an komo hutu kuma ya kau da kai, ya ɗaga ƙwallo bisa kawunan 'yan bayanmu, ya sauka gaban Ebbe Sand, wanda bai cika minti guda da shigowa ba, ya zuba na uku.

Sai dai fa gwani ba ya rasa tasa kasawa. A ƙarshen 1990 Laudrup ya sami saɓani da mai koyar da 'yan wasan ƙasarsa, Richard Møller Nielsen. Shi yana son wasan kai hari, shi kuwa mai koyarwa ya fi ba da ƙarfi ga tsaron gida. Laudrup ya yi fushi, ya ce ya bar yi wa ƙasa wasa. Denmak ba ta sami shiga gasar ƙasashen Turai ta 1992 ba, amma ana saura kwanaki kaɗan a fara, aka fid da Yugoslabiya saboda yaƙin da ake yi a can, aka kira Denmak ta maye gurbi. Ƙanensa Brian, wanda suka yi yajin tare, ya riga ya sauko ya koma. Michael ya tsaya a kan bakansa. Abin mamaki, 'yan cike gurbin nan suka yi ta wucewa har wasan ƙarshe a ƙasar Suwidin, suka ka da Jamus da ci 2 da nema, da wannan tsari ɗin da ya raina. Watau babban kofin da ƙasarsa ta taɓa ci, an ci shi ba da gwaninta mafi girma da ta haifa ba. A 1993 ya sauko ya komo, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe.

Kada shugabanni su ji wannan su ce ashe gwani ba kome ba ne, don labarin yana da ɗaya fuskar. A 1994 Barcelona ta kai wasan ƙarshe na kofin Turai da AC Milan a birnin Atina. Baƙi uku kaɗai aka yarda a sa, tsakanin Cruyff da Laudrup kuma an riga an yi tsami, sai aka bar shi a waje. Aka ci Barcelona 4 da nema. Ya tattara nasa ya nasa ya koma wurin abokan gabarsu, Real Madrid. A watan Janairu na 1994 yana cikin Barcelona suka ci Madrid 5 da nema. A Janairu na 1995 yana cikin Madrid suka rama wa Barcelona 5 da nema, suka kuma ƙwace kofin ƙasa. Ya zama ya ci kofin Sifen shekara biyar a jere da ƙungiyoyi biyu.

Daga nan ya yi ɗan zama a Japan, kana ya ƙare a Ajax ta Holan, daga 1997 zuwa 1998, inda ya yi wasa tare da 'yan Nijeriya biyu, Sunday Oliseh da Tijjani Babangida ɗan Kaduna, suka ci kofuna biyu tare. Makonni kaɗan bayan haka suka tsaya gaba da gaba a Faransa, Babangidan nan kuwa shi ya ci mana ɗayan da muka samu. Birazil ɗin da muka yi ta ɗoki ita ta fid da Denmak da ci 3 da 2, wannan kuma shi ne wasan Laudrup na ƙarshe. Ya yi wa ƙasarsa wasa sau 104, ya ci 37. Bayan ya aje takalmi ya shiga koyarwa, har ya ci kofi da Swansea ta Birtaniya a 2013.

Yau in mutum ya bi filayen makarantun Funtuwa da Malumfashi da la'asar, zai tarar kowane yaro so yake a ce shi ya ci. Muna roƙon malamai su riƙa yabon wanda ya miƙa kamar yadda suke yabon wanda ya zuba a raga, su koya wa yaro ya ɗaga kai ya dubi 'yan'uwansa tun ƙwallo bai zo masa ba. Ma'aikacin da ke ji da kansa, in shugaba ya ƙi shawararsa, ya tuna da 1992 kafin ya yi yaji. Shugaba kuma da ke shirin ture gwaninsa gefe don wata 'yar tsama, ya tuna da abin da ya faru a Atina a 1994.