IBRO: Baƙauyen da ya ci birni da dariya

Sama da shekara goma ke nan da rasuwar Alhaji Rabilu Musa Ɗanlasan, amma har gobe in yaro ya cika surutu da ban dariya a majalisar samari a Gaya ko Ajingi, sunan da za a laƙaba masa ɗaya ne: Ibro. Da yawan masu kiran sunan ma ba su yi wayo a zamanin kaset ba, a waya suka san shi. To wai me mutumin nan ya shuka da sunansa ya ƙi gushewa, musamman a wannan yanki na gabashin Kano?

ƊAN GIDA NE

Abu na farko, mutanen yankin ba su taɓa kallon Ibro a matsayin baƙo ba. An haife shi a 1971 a Ɗanlasan, cikin ƙaramar hukumar Warawa ta yanzu, ya yi firamare a garinsu, ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Wudil. Duk wanda ya taso daga Ajingi ko Gaya zai shiga Kano, sai ya ratsa Wudil ya haye gada, sannan ya gifta ta ƙasarsu Ibro. Hanya ɗaya suke bi, kasuwar Juma'a ta Wudil suke ci tare, Hausarsu ɗaya. Shi ya sa in ya buɗe baki a fim, ɗan Gaya ji yake kamar wani kawunsa ne ke zuba a gindin bishiya.

Bai fara da fim ba. A 1991 ya shiga aikin gidan yari, ya yi kimanin shekara takwas yana gandiroba kafin ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo gaba ɗaya. Fim ɗin 'Yar Mai Ganye' shi ne ya fito da shi idon duniya, daga nan kuma kasuwa ta buɗe.

Ba shi ya fara ba Hausawa dariya a akwatin kallo ba. Kafin zuwan bidiyo, talbijin ke riƙe da fagen: Samanja da Kasimu Yero a Kaduna, Karkuzu a Jos, Golobo a Sakkwato, su Hankaka da Malam Mamman a Kano. Sai dai su ma'aikatan lokaci ne, sai ka jira ranar shiri, ka kuma yi sa'ar wuta. Ibro kuwa a kaset ya zo. Ko ƙauyen da babu turken lantarki, da janareto ɗaya da talbijin ɗaya a ɗakin kallo an gama magana.

CAMAMA DA SANTIMENTAL

A farkon shekarun 2000 industiri ta rabu gida biyu. Ga 'yan santimental masu fim ɗin soyayya da rawa da waƙa irin na Indiya, ana ɗauka a manyan gidaje da lambuna, jarumi cikin mota mai sheƙi. Ga kuma 'yan camama, waɗanda ake yi wa kallon raini, wai fim ɗin ƙauye ne, ba kuɗi, ba tsari. Gaskiya ne camama ba ta cin jari mai yawa, cikin 'yan kwanaki ake gama ɗauka, gidan ƙasa da zana da jaki sun wadatar. Amma 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata sun san inda riba take. Fosta in dai da doguwar jar hular nan a jiki, ba ta kwantai. Har ta kai furodusoshin santimental ɗin ma suna neman ya leƙo cikin fim ɗinsu ko da fitowa biyu ce, don kaset ya tafi.

Sirrin yana cikin irin mutumin da yake fitowa. A yawancin finafinan lokacin, baƙauye abin dariya ne kawai, a yi masa wayo a wuce. Ibro sai ya juya lissafin. Baƙauyensa matalauci ne, ga cika baki, ga kwaɗayi, ga tsoro in an zo gwajin ƙarfi, amma bakinsa ba ya mutuwa a gaban kowa. Mai kuɗi, ɗan sanda, malamin tsibbu, ɗan siyasa, duk sai ya faɗa masu abin da talaka ke faɗa a zuci. Manomin Ajingi da ya taɓa shiga birni aka raina masa riga, in ya ga haka, ai an rama masa ne.

Kuma ba shi kaɗai yake tashi ba. Su Kulu da Yautai da Katakore da Ciroki, da matansa na fim irin su Tsigai da Dumɓaru, su ne ke ɗaga masa ƙwallo yana bugawa. Rigimar Ibro da matarsa a tsakar gida kan kuɗin cefane, wane gida ne bai san ta ba?

Wani abin da ya ƙware a kai shi ne ɗauko abin da duniya ke yayi ya mayar da shi ɗan ƙauye. Lokacin da kiɗan Awilo Longomba na Kwango ya cika gari, sai ga 'Ibro Awilo'. Bayan harin 11 ga Satumba 2001 a Amurka, sai ga 'Ibro Usama', wanda ya jawo surutu ba kaɗan ba, daga baya kuma aka yi 'Ibro Saddam'. Labarin da manya ke ji a BBC da yamma, yara sun gan shi da jar hula a ɗakin kallo.

GANDIROBA A BAYAN KANTA

Dariya ma tana da farashi. Bayan rikicin da ya girgiza industiri a 2007, Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a ƙarƙashin Malam Abubakar Rabo Abdulkarim ta matsa wa 'yan fim lamba. A watan Oktoba 2008 kotun tafi-da-gidanka ta yanke wa Ibro da abokin aikinsa Lawal Ƙaura hukuncin ɗaurin wata biyu, a shari'ar da ta shafi fim ɗin 'Ibro Aloko' da rajistar kamfani. Duniya rawar 'yanmata: wanda ya yi shekaru yana riƙe da makullin gidan yari, sai ga shi an kulle shi a ciki. Masoyansa sun ji zafin abin, amma ɗaurin bai rage masa kasuwa ba. Ya fito ya ci gaba da aiki, finafinai irin su 'Andamali' suka sake tabbatar da cewa fagen nasa ne.

Ranar Laraba 10 ga Disamba 2014 Allah ya karɓi abinsa a Kano bayan fama da rashin lafiya, yana gab da cika shekara 43.

ABIN DA YA BARI

Magada dai akwai su. Bosho, Daushe, Baba Ari da Naburaska duk sun yi aiki a fagen da ya share, kowa da salonsa. Samarin da ke ɗaukar gajerun barkwanci da waya suna sakawa a TikTok da YouTube, ko sun sani ko ba su sani ba, da yawansu tafiyarsa da harararsa da saurin bakinsa suke kwaikwayo.

Sai dai akwai abin dubawa. Yawancin aikinsa a kaset na bidiyo da faifan CD ya fito, su kuwa ba sa jure zafi da ƙura. Shagunan haya sun rufe, abin da ke yawo a waya gutsattsari ne na minti biyu ko uku, hoto dishi-dishi, ba sunan fim, ba sunan darakta, ba shekara. Yaron da ya san Ibro ta haka ya ga dariyar, amma bai ga labarin da ta fito daga ciki ba. Furodusoshin da ke riƙe da uwar kaset, da iyalansa, da masu nazarin fim a jami'o'in Kano da Wudil, lokaci ya yi da za su haɗa kai a tattara finafinan nan a adana, a kuma tabbatar haƙƙin marayunsa na isa gare su. Kai ma mai karatu, in akwai tsohon kaset ɗin Ibro a ƙasan akwatin gidanku a Gaya ko Ajingi, kar ka bari a yar da shi, wataƙila shi kaɗai ya rage.

Allah ya jiƙan Rabilu Musa, ya sa dariyar da ya sanya bayin Allah ta zame masa haske a kabari, amin.